Yadda ake koya wa ɗan kwikwiyo wurin fitsari da kashi

Da yawa a nan Birnin Kebbi sukan ɗauko kwikwiyo don gadi, ba a jima ba uwargida ta ce a mayar da shi, don ya ɓata tsakar gida har wajen alwala. Ga yadda za ka kauce wa haka.

Ware masa wuri ɗaya tak a jikin katanga, nesa da randa da madafa da kwanon abincinsa, ka zuba yashi. Kai shi can da zarar ya farka, da bayan ya ci abinci da kamar minti 15, da bayan wasa. Ɗan wata 2 ba ya riƙe fitsari fiye da awa 2 zuwa 3. In ka ga yana sunsunar ƙasa yana zagaye, ɗauke shi nan take. Yana gamawa ka shafa kansa, ka ba shi ɗan busasshen kifi da ka cire wa ƙaya. Ba sai ka sayi biskit ɗin kare mai tsada ba.

Inda mutane ke ɓata aikin shi ne ranar da ya yi a zaure. Sai a ɗauko tsumagiya, wani ma ya dangwara masa hanci a ciki. Abin da ya koya kawai shi ne kada ya yi a gabanka, sai ya koma bayan buhunan shinkafa. In ka tarar ya riga ya yi, kada ka ce masa komai, bai san dalilin faɗan ba. In ka kama shi yana cikin yi, tafa hannu sau ɗaya, ka kai shi kan yashinsa. A gaya wa yara wannan, don su ne masu saurin duka.

Wari ne ke dawo da shi. Watsa ruwa ba ya isa. In ƙasa ce, kwashe ta da shebur. In siminti ne, wanke da omo, ɗauraye, ka bi da ruwan khal (wato vinegar). Kada ka taɓa haɗa khal da Hypo, tururinsu guba ne.

Da dare ka ɗauke abinci da wuri, ka fitar da shi kafin barci da kuma asuba. A zafin Afrilu kada ka hana shi ruwa, ƙara yawan fitarwa. In zawo ne ko fitsari ɗis-ɗis, asibitin dabbobi za ka kai shi a duba shi. Ko lafiyarsa ƙalau, a ba shi maganin tsutsa, da allurar rigakafin haukan kare in ya kai wata 3.