Kafin ku sanar da rasuwa a WhatsApp

Jama'a, don Allah idan labarin rasuwa ya iso muku, ku dakata kafin ku tura guruf. Ku fara kiran wani na cikin gidan ku tambaya: an sanar da iyaye da 'ya'yan mamacin? Wataƙila akwai ɗa a Legas ko 'ya tana aure a Maraɗi. Bai kamata su buɗe waya su ci karo da hoton mahaifinsu da "Inna lillahi" a ƙasa ba, balle mai hawan jini.

Idan iyalan sun amince, ku rubuta cikakken suna da unguwa da lokacin jana'iza, don masu suna iri ɗaya suna da yawa. Hoton gawa kuwa, ko na gadon asibiti, kada ku tura wa kowa ko da an roƙa.