Yadda ake zagaya gine-ginen zamani na garin Oberlin

Oberlin ƙaramin gari ne a jihar Ohio ta Amurka, kudu maso yamma da Cleveland, mutanensa ba su kai 10,000 ba. Kwalejin da aka kafa a 1833 ita ce ran garin. Mai son ganin yadda salon gini ya sauya bayan Yaƙin Duniya na Biyu, yini ɗaya ya ishe shi, kuma a ƙafa ya fi.

Fara daga dandalin Tappan da ke tsakiyar gari. Daga gabas za ka hango Hall Auditorium, zauren wasanni na 1953, aikin Wallace Harrison, wanda ya jagoranci zanen hedikwatar Majalisar Ɗinkin Duniya. Bangonsa fari ne, a lanƙwashe, babu ado ko kaɗan.

Sai ka gangara kudu zuwa makarantar kiɗa ta 1964. Nan ka ɗan daɗe. Minoru Yamasaki ne ya zana ta, shi ne kuma ya zana tagwayen benen Cibiyar Kasuwanci ta Duniya a New York. Dubi tagogin, sirara, masu tsini, a jere cikin farin kankare, sannan ka leƙa tafkin da ke tsakiya. A ganina, wannan ginin ya fi sauran taushi a ido.

Daga nan shiga gidan adana zane-zane na Allen, ba a biyan ko sisi. Kafin ka shiga, nemi ƙaton mutum-mutumin fulogin wuta da mai fasaha Claes Oldenburg ya ƙera a 1970, rabinsa a cikin ƙasa.

Ajiye ƙarfinka don titin Morgan, inda gidan Weltzheimer yake, wanda shahararren mai zanen gine-gine Frank Lloyd Wright ya zana a ƙarshen shekarun 1940 don iyali mai matsakaicin hali. Bulo ne da jan katako, rufi shafaffe, ɗumi kuma daga ƙarƙashin daɓe yake tasowa. Ba kullum ake buɗe shi ba, don haka ka tambayi gidan Allen ranakun ziyara tun kafin ka taso. Ellen Johnson, malamar tarihin zane a kwalejin, ita ce ta saye shi a 1968, ta gyara abin da aka ɓata, ta bar wa kwalejin. Ita ce ma ta soma, tun 1940, ba ɗalibai hayar zane na asali, har da na Picasso, su rataya a ɗakunansu. Dala 5 ake biya a zangon karatu.