Motar turbo ta daina ja: kurakuran da ke sa a sayi turbo a banza

Sharan ce ko Hilux ko Kanta, labarin ɗaya ne. An yi lodi a kasuwar Maigatari ranar Alhamis, ko an ɗauko tumatir daga Kwanar Gafan, direba ya taka totur har ƙasa, mota kuwa tana tafiya kamar an ɗaura mata turmi. Da an shiga gareji, tun ba a buɗe bonet ba, sai ka ji an yanke hukunci: turbo ya mutu, a tura yaro kasuwar Ƙofar Ruwa ya sayo wani. Daga wannan hukuncin sauran kurakuran suke fitowa. Turbo yana cikin kayan inji masu tsada, kuma sau da yawa lafiyarsa ƙalau. Abin da ya kashe wa mota ƙarfi kan zama tiyo, ko kilif, ko siririyar robar da ba ta kai kuɗin cin rana ba.

Hayaƙin da inji ke fitarwa shi ke juya fankar baya ta turbo. Ita kuma tana kan sanda ɗaya da fankar gaba, wadda ke zuƙo iska ta eya-kilina, ta cusa ta cikin inji ta tiyo da intakula, wato abin da ke sanyaya iskar. Sandar nan tana juyi fiye da sau 100,000 a minti, tana shawagi a kan baƙin mai. Saboda haka idan matsin iska ya yi ƙasa, ko dai iskar ba ta shigowa, ko tana zurarewa a hanya, ko hayaƙin ba ya isa fankar baya ko ba ya samun mafita, ko abin da ke sarrafa turbon ya daina aikinsa. Sai an kawar da waɗannan duka ake zargin turbon kansa.

Gwaji a tsaye

Bakanike ya sa mota a firi, ya ba ta wuta, ya kama tiyo ya ji bai kumbura ba, ya ce babu matsi. Wannan ba gwaji ba ne. Injin da ba ya jan komai ba ya fitar da hayaƙin da zai tuƙa turbo sosai, don haka lafiyayyiyar mota ma haka za ta nuna. A fita da ita titi, mutum ɗaya na tuƙi, ɗaya na riƙe da kwamfutar gwaji. A sa giya ta uku, a taka totur gaba ɗaya daga juyi 1,500 zuwa wajen 3,500, a kalli lamba biyu: matsin da ƙwaƙwalwar mota ta nema, da wanda ta samu. A injinan Volkswagen masu shan gas na 1.9 TDI, lambobin suna rukuni na 011, a na fetur 1.8T kuma suna 115.

A kula da karatun. Yawancin kwamfutoci suna haɗawa da nauyin iskar duniya. Idan aka kunna makulli ba a tayar da inji ba, sensar MAP, mai auna matsin iskar da ke shiga inji, a yankinmu ya kamata ta nuna kusan 96 kPa, wato milibar 960, domin Kano tana kusan mita 480 sama da teku. Idan ta nuna milibar 1,950 a kan gudu, abin da turbo ya ƙara kusan bar ɗaya ne, wato milibar 1,000, ba biyu ba. Idan kuwa tun inji na kashe ta nuna 70 ko 130 kPa, sensar ce ke ƙarya, ita za a fara dubawa.

Lambar matsala ta P0299 da kwamfuta ke nunawa ma ana yi mata mummunar fahimta. Cewa kawai take yi matsin bai kai yadda aka nema ba. Ba ta ce turbo ya lalace ba.

Raina eya-kilina

Daga Nuwamba zuwa Fabrairu, motar da ke bin hanyar birji da rairayin Jigawa tana iya toshe matatar iska cikin 'yan makonni. Lokacin sussuka kuma ƙaiƙayi ya ƙaru a kai. Matatar da ta toshe tana shaƙe turbo, wani lokaci har tiyon shiga ya lanƙwashe ya manne idan an ba da wuta, ya koma daidai da an saki. Tsotson da ke faruwa a nan yakan jawo baƙin mai ta bayan fankar gaba, sai a ga mai a tiyo a ce turbo na zubar da mai.

Kurakurai biyu ake yi a nan. Na farko kai matatar wurin mai faci ya hure ta da cikakken ƙarfin kwamfuresa, takardar ta yage a inda ido ba ya gani. Na biyu cire ta gaba ɗaya wai don mota ta sha iska. Duka biyun yashi suke buɗe wa ƙofa, shi kuma yana cin bakin fanka kamar yadda dutsen wasa ke cin wuƙa. A haska tocila ta cikin matatar. Idan haske bai ratsa ba, ko ya ratsa da yawa a wuri guda, a sa sabuwa. A duba murfin akwatinta ma, domin murfin da aka ɗaure da roba ƙura na bi ta gefensa.

Neman yoyon iska da ido kawai

Nan gizo ya fi yin saƙa. Tsagewar tiyo takan ɓuya a ƙasa ko a lanƙwasa, ta rufe bakinta idan inji na tsaye, ta buɗe sai matsi ya zo. Alamarta a motar gas ita ce baƙin hayaƙi tare da huci kamar na maciji idan an taka totur. Dalili kuwa, sensar MAF, mai auna yawan iskar da ke shigowa, ta riga ta ƙirga iskar, ƙwaƙwalwar mota ta ba da gas daidai da ita, amma iskar ta gudu kafin ta isa inji. Duk inda aka ga danshin mai da ƙura ta manne a jikin tiyo ko a gefen intakula, a tsaya a nan.

Gwajin da ke kama ta ba ya bukatar kayan birni. A samo murfin bututun ruwa na roba daidai faɗin tiyon da ke shiga turbo, a huda shi a sa masa bawul ɗin tayar da ba ta da cub, a ɗaure shi a bakin tiyon da kilif. A toshe tiyon numfashin inji da ke haɗuwa da shi, a kuma buɗe murfin da ake zuba baƙin mai, don kada iska ta taru cikin inji ta ture sil. Sai a ba da iska a hankali ana kallon geji, rabin bar ya isa a fara, kada a wuce bar ɗaya. A yayyafa ruwan omo a kowace mahaɗa, da jikin intakula musamman inda roba ta haɗu da alminiyam. Inda ya yi kumfa, nan ne.

Idan an samu, a gyara shi gyaran gaske. Naɗe tiyo da tsohon cub, ko ɗaure shi da waya maimakon kilif, zai kai mota gida daga Gujungu, amma ba zai yi mako ba, kuma waya tana yanka robar. Haka sa tiyon lagireto a madadin na turbo: ba a yi shi don zama da mai ba, zai yi laushi ya kumbura ya fashe.

A Sharan mai 1.8T akwai ƙarin wuri guda, wato bawul ɗin da ke mayar da iska baya idan an saki totur. Fatar da ke cikinsa takan yage, iska ta dinga zagayawa maimakon ta shiga inji. A zuƙi ƙaramin bakinsa na sama. Idan bai riƙe tsotso ba, ya gama aiki.

Intakula kuma a wanke fuskarsa. Laka da ƙaiƙayi da ƙwari idan suka cike ramukansa, iskar ba ta hucewa, a zafin Afrilu kuwa ƙwaƙwalwar mota sai ta rage ƙarfi da kanta.

Taɓa sandar akcuweta ba a san irinta ba

A jikin turbo akwai ɗan gwangwani mai sanda, shi ake ce wa akcuweta. Iri-iri ne, kuma rashin bambance su na jawo gyaran gangar Abzinawa.

A turbo mai ƙofar wesget irin ta da, wato ƙofar da ke barin hayaƙi ya kauce wa fankar baya, sifirin ne ke riƙe ƙofar a rufe, matsin iska ke buɗe ta idan ya kai iyaka. Ƙarfi yana raguwa idan sifirin ya mutu, ko ɗan kilif da ke riƙe sandar ya faɗi, ko ƙofar ta cinye ba ta zama daidai, hayaƙi ya dinga bi ta gefe. A kama hannun ƙofar idan inji ya huce. Bai kamata ya yi lakwaf-lakwaf ba.

A turbo mai fikafikai a ciki, irin na TDI mai ƙarfin doki 110 zuwa sama, tsotso ne ke jan sandar. Idan babu tsotso, babu ƙarfi. Nan ne siraran robobin nan ke da muhimmanci: zafi na busar da su, ɓera na cin su a motar da ke kwana kusa da rumbu, wani lokaci kuma an mayar da su a juye a kan bawul ɗin N75, mai sarrafa tsotson da ke zuwa akcuweta, bayan wani gyaran. Da ƙaramin famfon tsotso na hannu, sandar ya kamata ta tafi sumul ba tare da tsalle ba, ta kai ƙarshe a wajen 0.6 bar, ta kuma tsaya a nan ba ta saki ba. Idan birki ma ya yi tauri a lokaci guda, a duba famfon tsotso na jikin inji, domin shi ke ciyar da su biyun. Hilux mai injin 1KD kuwa ƙaramin moto ne na lantarki ke juya fikafikan, don haka soket da wayoyinsa ake fara dubawa.

Akwai alamar da ke ruɗa mutane ƙwarai. Mota na ja lafiya, ana tsakiyar hawa ko wuce wata mota sai ƙarfi ya ɗauke ɗif. A kashe a sake tayarwa, ya dawo. Wannan galibi ba ƙarancin matsi ba ne, yawansa ne. Baƙin toka ya riƙe fikafikan, matsi ya wuce iyaka, ƙwaƙwalwar mota ta yanke ƙarfi don ta tsare inji, ta ajiye lambar P0234. Maganinsa a sauke turbon, a buɗe ɓangaren hayaƙi, a wanke zoben da fikafikan har su yi motsi da ɗan yatsa.

Abin da muke roƙon kanikawa su daina shi ne ɗaure wesget da waya, ko yi mata walda, ko gajarta sandar don mota ta ja. Za ta ja na ɗan lokaci, sannan gaskit ɗin kan inji ya ƙone ko fistin ya tsage. Ɗan notin da ke tsayar da hannun fikafikai kuma a masana'anta aka saita shi da na'ura, ba a gyara shi da kunne.

Mantawa da ɓangaren hayaƙi da na mai

Tsagewar manifol ko ƙonewar gaskit kafin turbo na zubar da hayaƙin da zai juya fanka. Baƙin zane na toka a wurin, da ƙarar tsit-tsit da safe kafin inji ya ɗumama, su ke nuna shi. Bayan turbo kuma, indomin salansa, wato matatar hayaƙin da ke cikinsa, idan ya narke ya toshe, hayaƙi ba ya fita. A motar fetur ana cire sensar da ke gabansa a ɗaura geji: fiye da 0.2 bar a juyi 2,500 toshewa ce. Bawul ɗin EGR, mai mayar da wani ɓangare na hayaƙi cikin inji, idan toka ta riƙe shi a buɗe shi ma yana sace hayaƙin.

Inji kuma idan bai sami mai ba, ba zai yi hayaƙin da zai tuƙa turbo ba. Motar gas da ta rasa ƙarfi amma ba ta baƙin hayaƙi, a fara da matatar gas, musamman idan ana sayen na jarka a hanya, inda ruwa da datti ba sa rasa shiga. Sensar MAP da toka ta rufe, a wanke ta da feshin wanke kayan lantarki, ba da waya ko tsinke ba.

Idan turbon ne da gaske

A cire tiyon shiga a kama kan sandar. Ɗan motsi gefe da gefe ba laifi ba ne, domin gurbin mai ne, muddin fanka ba ta taɓa bango. Motsi ciki da waje ne bai kamata a ji shi ba sai da ƙyar. Fanka mai karyayyen baki, sawun gogayya a bango, kuka irin na jiniya, shuɗin hayaƙi da cin baƙin mai, waɗannan su ne shaida. Danshin mai kaɗan a tiyo ba shaida ba ne, daga numfashin inji yake zuwa. Da wannan gwajin ake tantance ɗan Kwatano ma kafin a biya kuɗi.

Kuskure na ƙarshe shi ne ɗaura wani ba a gano abin da ya kashe na farko ba. A canja siririn bututun da ke kawo mai, domin ƙonannen mai na toshe cikinsa. A tabbatar na komawa ƙasa bai lanƙwashe ba. Kada a shafa gam a mahaɗar mai, guntunsa na shiga ya toshe ramin. A sauke intakula a wanke shi tas: ɓaraguzan tsohuwar fanka na maƙalewa a ciki, kuma man da ya taru a nan injin gas na iya zuƙarsa ya kama gudu da kansa, makulli ma ba ya kashe shi. A zuba sabon baƙin mai irin wanda littafin motar ya ce, da sabuwar matata.

Kafin a ɗaura bututun mai, a ɗura mai mai tsabta a ramin turbon, a juya fankar da yatsa. A hana inji tashi ta cire fiyus ɗin famfon mai ko soket ɗin nozul, a buga sitata na daƙiƙa 10 zuwa 15 sau biyu ko uku har fitilar mai ta mutu. Sannan a tayar, a bar shi a silo minti biyar ba a ba da wuta ba, ana duba yoyo. Direba kuma, idan ya iso tasha daga doguwar tafiya da lodi, ya ba inji minti ɗaya ko biyu a silo kafin ya kashe, don man da ke cikin turbo kada ya tsaya ya ƙone. Daga nan a koma titi a giya ta uku, a sake kwatanta matsin da aka nema da wanda aka samu.