Yadda Ake Koyon Haruffan Girkanci na Dā ta Hanyar Bin Asalinsu

Yawancin waɗanda na ga sun fara koyon haruffan Girkanci na dā hanya ɗaya suke bi: su sauko da jadawali daga intanet, su haddace alfa, beta, gamma har zuwa omega, su ɗauka an gama. Ranar da aka nuna musu hoton rubutun da aka sassaƙa a dutse ko aka karce a jikin tulu, sai su tsaya cak. Haruffa sun juya baya, kalmomi a manne da juna, omegan da suka haddace babu shi, ga kuma wasu haruffan da jadawalin bai ambata ba. Dalili shi ne jadawalin nan mai haruffa 24 ƙarshen tafiyar ne. Mai son karanta abin da Girkawan dā suka rubuta da hannunsu, daga mafari zai kamo, ya biyo haruffan yadda suka taho.

Kayan aiki ba su da yawa: littafin rubutu, fensir, da waya mai buɗe hoto. Kada ka kashe kuɗinka kan littafin nahawun Girkanci tukuna. Yana da tsada, ga kuɗin aikowa daga waje, kuma da ƙananan haruffa yake farawa, waɗanda mu sai a ƙarshe za mu taɓa su.

Mataki na farko, ware tsohon rubutu gefe

Girkawa sun yi rubutu sau biyu a tarihinsu, kuma na biyun bai fito daga na farkon ba. Tsakanin wajen 1400 da 1200 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), fadojin Knossos a tsibirin Kirit da Pilos da Mikenai suna da wani rubutu da masana ke kira Linear B. Kowace alama gaɓa ce sukutum, kamar ka, ko, ti, alamomin sun doshi 90, kuma a allunan yumɓu ake lissafin tumaki da hatsi da man zaitun da shi. Michael Ventris ne ya warware shi a 1952, ya nuna Girkanci ne. Da fadojin suka rushe wajen 1200, rubutun ya bi su, ƙasar Girka ta yi kusan shekara 400 ba rubutu. Ka san da wannan, sannan ka wuce. Babu harafi ɗaya a cikin waɗanda za ka koya da ya fito daga can.

Mataki na biyu, rubuta jerin Finikiyawa

Finikiyawa 'yan kasuwar teku ne na biranen Taya da Sidon da Biblos, a gaɓar Labanan ta yau. Haruffansu 22 ne, duka baƙaƙe, daga dama zuwa hagu. Wajen ƙarni na 8 kafin miladiyya Girkawa suka ara, kuma ba su ɓoye ba: Herodotus, marubucin tarihinsu, ya ce haruffan Finikiyawa ake kiransu.

Ja layi uku a tsaye a littafinka. A na farko ka sa sunan harafin Finikiyawa, a na biyu babban harafin Girkanci, a na uku harafin Larabci bisa jerin abajada, wanda malamanmu ke hisabi da shi. Da jerin alif, ba, ta, sa ba za ka ga komai ba, sai da na abajada. Alef, bet, gimel, dalet za su zauna daidai da Α Β Γ Δ, daidai da alif, ba, jim, dal. Gaba kaɗan kaf, lam, mim, nun za su faɗo kan Κ Λ Μ Ν, wato kappa, lamda, mu, nu. Wanda ya yi makarantar allo ya riga ya haddace rabin wannan jerin tun yana yaro.

Yawancin sunayen ma na Finikiyawa ne, a Girkanci ba su nufin komai. Alef sa ne, bet gida ne, yod hannu, ayin ido, resh kai, kuma mai ɗan Larabci zai ji baitu da yadu da ainu da ra'asu a cikinsu. Sai dai a nan wasu ke zarcewa su ce Girkanci daga Larabci ya ɗauko haruffa. Ba haka ba ne. Rubutun Larabci ya biyo ta hannun Aramiyawa da Nabatawa, ya bayyana ƙarnuka da yawa bayan na Girkawa. 'Yan'uwa ne da suka haɗa kaka.

Mataki na uku, wasula

Nan ne zan daɗe, don nan ne mutane suka fi yin sakaci. Rubutun Finikiyawa tamkar babbaƙu ne ba farfaru: baƙaƙe zalla, mai karatu ya sa wasali da kansa. Girkanci bai yarda da haka ba, don kalmominsa da yawa da wasali suke farawa, wasu ma wasula ne kusan gaba ɗaya. Sannan a jerin Finikiyawa akwai sautukan maƙogwaro da bakin Bagirke bai san su ba. Sai aka ɗauki haruffan waɗannan sautuka aka ba su aikin wasali.

Koma littafinka ka zagaye guda biyar. Alef, wanda sautinsa hamza ne, ya zama Α, wato a. He, ɗan'uwan ha babba, ya zama Ε, wato e. Yod, ɗan'uwan ya, ya zama Ι. Ayin, ɗan'uwan ain, da'ira ce a rubutun Finikiyawa, ta zama Ο. Waw kuwa gida biyu ya rabu. Ɗaya ya tsaya a matsayi na shida da sautin w, ana ce masa digamma, siffarsa Ϝ. Ɗayan ya zama wasalin Υ, aka kai shi ƙarshen jeri bayan tau. Kada ka wuce wannan shafi sai ka iya faɗin asalin kowane wasali ba tare da leƙe ba.

Saura het, ɗan'uwan ha ƙarami, wanda ya zama Η, wato eta. Wannan harafin shi ne ya fi kayar da masu koyo. A Atina da garuruwa da dama sautinsa h ne. Amma Girkawan Iyoniya, mazauna gaɓar yammacin Turkiyya ta yau, sun daina furta h a bakinsu, don haka suka mayar da harafin dogon wasalin e. Su ne kuma suka buɗe ƙasan Ο suka samar da Ω don dogon o, shi ya sa omega ya zo a can ƙarshe. Harafi ɗaya, aiki biyu, ya danganta da garin da aka rubuta shi. Η na boko da muke rubuta Hausa da shi daga masu furta h ya gangaro.

Idan kana son tabbatar da jerinka, gwada da lissafi. Girkawa ma suna ƙirga da haruffa: alfa 1, beta 2, gamma 3, delta 4, epsilon 5, digamma 6, daidai da waw a hisabi. Iyota 10 kamar ya, kappa 20 kamar kaf, har nu 50 kamar nun, omikron 70 kamar ain, pi 80 kamar fa. Daga nan suka raba hanya, don Girkawa sun tsallake harafi ɗaya, sai koppa, ɗan'uwan ƙaf, ya zama 90 alhali ƙaf 100 ne. Digamma da koppa sun fita daga rubutun yau da kullum, lissafi ne ya riƙe su.

Mataki na huɗu, saba wa idonka da kowace fuska

Da manyan haruffa kaɗai za ka yi wannan, da fensir, ba a waya ba. Rubuta jerin daga dama zuwa hagu, kowane harafi ya juya fuska, ƙafafun Ε su kalli hagu, cikin Β ma haka. Tsofaffin rubuce-rubucen Girkawa da yawa haka suke. Bayan nan ka gwada salon da suke kira bustrofedon, wato juyawar sa a wajen huɗa: layi ɗaya daga dama, na biye daga hagu, haruffa suna juyawa tare da layin. Dokokin birnin Gortin a Kirit, da aka sassaƙa a bango a ƙarni na 5 kafin miladiyya, da wannan salon aka yi su. Dabarar ita ce ka nemi Ε ko Κ a layi, inda suka fuskanta can karatun ya nufa. Kada ka bar tazara tsakanin kalmomi, su ma yawanci ba su bari.

Mataki na biyar, tambayi gari da zamani kafin ka karanta

Har zuwa wajen 400 kafin miladiyya kowane yanki da irin haruffansa. Duk hoton da ka samu, fara duba bayanin da ke ƙarƙashinsa: a ina aka tono shi, na wane ƙarni ne. Wanda ya tsallake wannan zai karanta kuskure yana ganin daidai yake.

Ɗauki Χ. A gabas, har da Atina, sautinsa k ne mai fitar da iska. A yamma da tsibirin Yubiya sautinsa ks ne. Mutanen Yubiya ne suka kafa zango a Italiya, Etruskawa, mazauna tsakiyar Italiya, suka karɓi haruffa daga irin nasu, Rumawa suka karɓa daga Etruskawa, shi ya sa X na Turanci yake ks har yau. F da Q ma digamma da koppa ne da suka tsira ta wannan hanyar. A tsohon rubutun Atina gamma kama da Λ yake, lamda kuma kama da L, don haka mai jadawali zai musanya su. Ba su da Ξ da Ψ, sai su rubuta ΧΣ da ΦΣ. A Korinti abin ya fi haka: harafi mai kama da Μ yana iya zama s, mai kama da Β kuma e ne.

A shekarar 403 zuwa 402 kafin miladiyya Atina ta karɓi haruffan Iyoniya a hukumance, sauran garuruwa suka bi a hankali. Wannan ne jadawalin 24 ɗin da kowa ke haddacewa.

Kan furuci, ni na dā nake koyarwa, kuma shi za ka bi. Bidiyon da ke intanet yawanci na Girkancin zamani ne, inda beta ta koma v, eta ta koma i. A ƙarni na 5 kafin miladiyya wani marubucin wasan barkwanci na Atina ya rubuta kukan tunkiya da beta da eta, wato bee, ka ga shaida ke nan. Θ da Φ kuma t da p ne masu fitar da iska. Sannan ka kiyayi Ρ, r ne, ba p ba.

Mataki na shida, karanta abu na gaske

Fara da kuɗin azurfar Atina mai hoton mujiya. Haruffa uku ne a jiki, ΑΘΕ, farkon sunan mutanen birnin. Lura Ε aka sa inda Girkancin littafi ke sa Η, ka ga mataki na uku ya yi maka amfani. Daga nan ka nemi hotunan ostraka, sakainun tukwane da 'yan Atina ke karce sunan wanda suke so a kora daga gari na shekara 10. Suna ne kawai da sunan uba, ba ka bukatar nahawu. Na Temistokles, wani babban ɗan siyasar Atina, suna da yawa, an taɓa samun kusan 190 a rijiya ɗaya a gefen Akropolis, tudun tsakiyar Atina, kuma masana sun gano hannu 14 ne kacal suka rubuta su. Nemo lamda mai kama da L a cikin sunan.

Idan idonka ya faɗa, sai ka hau kan mafiya tsufa. Akwai tulun Dipilon na Atina, na wajen 740 kafin miladiyya, wanda ke alkawarin kyauta ga wanda ya fi iya rawa. Akwai ƙoƙon Nestor da aka tono a 1954 a tsibirin Iskiya kusa da Napoli, mai layi uku daga dama zuwa hagu da haruffan Yubiya. Kalmar farko kaɗai za ka nema, ΝΕΣΤΟΡΟΣ, a juye. Gidajen tarihi da dama sun sa irin waɗannan hotuna kyauta, ka sauke su sau ɗaya ka huta da sayen data.

Mataki na ƙarshe, ƙananan haruffa

Waɗannan ba na zamanin dā ba ne. Magatakardan daular Rumawa ta gabas ne suka yaɗa su wajen ƙarni na 9 miladiyya, kuma littafi mafi tsufa mai kwanan wata da aka rubuta da su na shekarar 835 ne. Alamomin da ke saman wasula an danganta ƙirƙiro su ga wani masani, Aristofanes na Bizantiyum, a Iskandariyya, wajen 200 kafin miladiyya. Ɗora kowane ƙaramin harafi a gefen babbansa a littafinka, mako guda ya isa. Kula da ν, n ne, da η wanda ba n ba ne, da sigma mai siffa biyu, σ a tsakiya da ς a ƙarshen kalma. Ɗan waƙafin da ke kan wasalin farko, idan bakinsa ya buɗe ta dama, h ne za ka furta. Daga nan za ka iya sayen littafin nahawun.