Yadda Ake Sayen Janareta a Kasuwar Najeriya Ba Tare da An Yi Asara Ba

Wanda ya shiga kasuwar Alaba ta Legas, ko babbar kasuwar Onica, ko layin masu sayar da injuna a Sabon Garin Kano da niyyar sayen janareta, zai tarar da injuna iri ɗaya a ido, masu fenti iri ɗaya da lamba iri ɗaya a jiki, amma kuɗin wani ya kusa ninka na wani. Bambancin ba ya rasa dalili, kuma mai saye da bai san dalilin ba yakan biya sau biyu, na farko a shago, na biyu a wurin makaniki da gidan mai. Abin da ya kamata a riƙe tun daga farko shi ne cewa kuɗin da aka miƙa wa mai shago kashi ne kaɗan na abin da injin zai ci a rayuwarsa, kuma lambar da aka rubuta da manyan baƙaƙe a jikin tanki sau da yawa ba ita ce ainihin ƙarfinsa ba.

Kafin a je taya, yana da kyau a fahimci yadda farashi yake haɗuwa. Kusan duk ƙananan janaretocin fetur da ake sayarwa a ƙasar nan daga Sin ake kawo su, ko dai a haɗe cikin kwali, ko kuma a warwatse a harhaɗa su a Legas. Manyan na dizal da ake gani a bankuna da asibitoci da masana'antu kuwa, galibi injinsu na Perkins ne ko Cummins ko Caterpillar, kamfanoni irin su Mikano su shigo da injin da na'urar da ke haifar da wutar, su haɗa su a gida ɗaya su sa musu akwatin rage ƙara. Wannan na nufin da dala ake sayen kayan tun daga tushe. Ɗan kasuwa zai buɗe takardar shigo da kaya ta Form M ta hannun bankinsa, ya nemi shaidar inganci ta SONCAP daga hukumar kula da ingancin kaya ta SON, ya biya kuɗin jirgin ruwa, ya biya harajin kwastam a tashar Apapa ko Tin Can ko Onne, sannan ga harajin VAT wanda ya koma kashi 7.5 cikin 100 tun Fabrairun 2020. Bayan haka kwantena za ta hau mota zuwa Arewa, motar kuma dizal take sha. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan matakai yana ƙara wani abu a kan kuɗin da za a faɗa wa mai saye a Kano ko Kaduna ko Maiduguri.

Shi ya sa farashin janareta yake bin farashin dala sau da ƙafa. Kafin watan Yunin 2023 dala ɗaya a hukumance tana kusan naira 460, amma bayan an saki naira ta nema wa kanta daraja a kasuwa, sai ga dala ta haura naira 1,500 a farkon 2024, kuma kuɗin injuna ya tashi tare da ita. Mai shago ba da kuɗin da ya saro kaya yake lissafi ba, da kuɗin da zai sake saro wasu yake yi, don haka ko tsohon kaya ne a sito, sabon farashi za a sa masa. Idan dala ta sauka kuwa, saukar farashi takan yi nawa, domin kowa yana jira ya sayar da abin da ya saro da tsada. Darasin da ke nan ga mai saye shi ne kada ya dogara da farashin da wani ya gaya masa watanni uku da suka wuce, ya tambayi aƙalla shaguna uku a mako guda, kuma ya tabbata iri ɗaya da lamba ɗaya yake kwatantawa. Lokaci ma yana da tasiri, domin daga Maris zuwa Mayu, lokacin da zafi ya tsananta kowa yana neman abin da zai juya fanka, ciniki ba ya sauƙi kamar yadda yake yi da damina.

Aikin da ya fi kowanne muhimmanci a gida ake yin sa, da biro da takarda. Mutum ya zauna ya rubuta duk abin da yake so injin ya ɗauka a lokaci guda, ya duba bayan kowace na'ura inda aka rubuta yawan wat ɗin da take ci. A ɗauki misalin gida mai ƙwan lantarki goma na zamani masu wat 10 kowanne, fankar sama uku masu wat 75, talabijin mai wat 100, da firji mai wat 150. Jimla ta kama wat 575, wanda a ido ƙaramin inji ma zai ɗauka. Amma duk na'urar da ke da mota a cikinta, wato ɗan injin da lantarki ke juyawa, kamar firji da injin jan ruwa da na'urar sanyaya ɗaki, takan ja ninki uku ko fiye na abin da take ci a daidai lokacin da take tashi. Firjin nan mai wat 150 zai iya neman wat 500 ko 600 na ɗan daƙiƙoƙi, kuma idan injin bai da wannan rarar, sai a ji ya shaƙe, fitilu su dusashe, wani lokaci ya mutu gaba ɗaya. Injin jan ruwa mai ƙarfin doki ɗaya, wato kimanin wat 746, shi kaɗai zai iya neman sama da wat 2,000 wajen tashi. Dutsen guga da hitar dafa ruwa ba su da wannan matsalar tashi, amma kowannensu yakan ci wat 1,000 ko fiye muddin yana kunne. Bayan an haɗa lissafi, a ƙara aƙalla kashi ɗaya cikin huɗu a kai, domin injin da kullum yake aiki a ƙarshen ƙarfinsa ba ya tsufa da kyau.

A nan ne ake yawan ruɗar mutane. Akwai ma'aunin ƙarfin inji da ake kira kVA, akwai kuma kW, wato wat 1,000, kuma ba abu ɗaya ba ne. A manyan injuna ana ninka kVA da 0.8 a sami kW, don haka janareta mai kVA 20 ainihin abin da zai bayar kW 16 ne. A ƙananan injuna kuma akwai lambobi biyu, ɗaya ta iyakar abin da injin zai iya na ɗan lokaci, ɗaya ta abin da zai iya bayarwa yana aiki na sa'o'i, kuma ta biyun ce mai amfani. Mafi muni shi ne lambar suna. Ƙaramin Tiger ɗin nan da ake haɗa masa fetur da baƙin mai, wanda mutanen kudu suke wa laƙabi da "na fi maƙwabcina", an rubuta masa 950 a jiki, amma abin da yake bayarwa bai kai haka ba. Haka abin yake a injuna da yawa masu ɗauke da 3800 ko 6500 a tanki. Mai saye ya ƙyale babban rubutun, ya sunkuya ya karanta ƙaramin allon ƙarfe ko takardar da aka liƙa a gefen injin, inda aka rubuta ƙarfin aiki na dindindin, da bolt 220 ko 230, da hez 50, waɗanda su ne suka dace da kayan wutar ƙasar nan.

Zaɓi tsakanin fetur da dizal ya danganta da sa'o'in da za a riƙa aiki. Ƙananan injunan fetur suna juyawa sau 3,000 a minti, iska ce ke sanyaya su, kuma an yi su ne domin aikin 'yan sa'o'i a huta. Manyan na dizal suna juyawa sau 1,500 a minti, ruwa ke sanyaya su, suna jure aikin yini guda, kuma suna bayar da wuta mai yawa a kan kowace lita. Mai shagon aski ko mai cajin waya ba ya buƙatar na dizal, amma mai gidan ƙanƙara ko gidan burodi da ya sayi na fetur don ya fi araha zai gane kurensa cikin 'yan watanni. Na dizal ma yana da nasa sharaɗin, ba a son a bar shi yana aiki da kaya kaɗan na tsawon lokaci, domin man ba ya ƙonewa sosai, sai a ga baƙin ruwa mai maiƙo yana fita ta bututun hayaƙi. Saboda haka sayen wanda ya fi buƙata girma nesa ba kusa ba, shi ma asara ce.

Lissafin mai ya canja gaba ɗaya tun ranar 29 ga Mayun 2023, da Shugaba Bola Tinubu ya sanar da cire tallafin fetur, litar da ake saye ƙasa da naira 200 ta haura 500 cikin 'yan kwanaki, daga baya kuma ta ci gaba da hawa. Daga lokacin, shan man inji ya fi kuɗin sayensa muhimmanci. Injin da ke shan lita ɗaya a sa'a, idan yana aiki sa'a biyar kullum, zai sha lita 150 a wata, wato 1,800 a shekara. Wani mai araha da ke shan lita 1.3 a kan kaya iri ɗaya zai ƙara lita 540 a shekara. Mai karatu ya ninka wannan da kuɗin lita a yau, ya kwatanta da rangwamen da ya samu a shago, zai ga wanne ne mai tsada a gaskiya. Wannan ne ya sa mutane da yawa suka koma sauya kabireta domin injin ya yi amfani da gas ɗin girki. Dabarar tana aiki, amma a bar wa wanda ya iya ya haɗa, a yi amfani da tiyo da kan tukunya masu inganci, kuma a nisanta tukunyar daga zafin injin. Wanda ke layin Band A, wato rukunin da ya fi samun wuta, inda hukumar kula da lantarki ta NERC ta kai kuɗin wuta naira 225 kan kowane yunit a Afrilun 2024, kada tsadar ta ruɗe shi, domin wutar ƙaramin injin fetur ta fi wannan tsada nesa ba kusa ba.

Idan an isa shago, abu na farko da za a tambaya shi ne koyil, wato naɗin wayar da ke cikin na'urar da ke haifar da wutar. Na jan ƙarfe ya fi jure zafi kuma ya fi daɗewa, na alminiyam ya fi araha amma ya fi saurin ƙonewa idan kaya suka yi masa yawa. Kowane mai shago zai rantse cewa nasa jan ƙarfe ne zalla, kuma akwai wayar alminiyam da ake shafa wa launin jan ƙarfe, wadda ba a gane ta sai an ɗan kankare bakin wayar an ga fari a ciki. Hanya mai sauƙi ita ce ɗaga injuna biyu masu ƙarfi ɗaya, domin mai jan ƙarfe ya fi nauyi. Sannan a tambaya ko yana da na'urar daidaita wuta, wadda makanikai ke kira AVR, domin ita ce ke hana wutar hawa da sauka ta ƙona talabijin da kwamfuta. Mafi kyau shi ne a tafi da makanikin da aka yarda da shi, a biya shi ladan wuninsa daga aljihu, domin makanikin da ke jiran la'ada daga mai shago ba naka ba ne a ranar.

Kada a yarda da gwajin da aka tayar da inji aka kunna ƙwai ɗaya aka kashe. A sa a jona masa dutsen guga ko hita, a bar shi ya yi minti goma sha biyar yana ɗauke da kaya, a duba ko mitar tana tsaye tsakanin 220 da 240, a saurari ko ƙararsa tana hawa tana sauka, a leƙa ƙasa ko mai yana ɗiga. A injin da aka riga aka yi amfani da shi, wanda ake kira Beljiyam, wannan gwaji ya fi zama dole, kuma shuɗin hayaƙi alama ce ta cewa yana ƙona baƙin mai. Idan babban na dizal ne, a duba mitar sa'o'in da ya yi aiki, amma kada a gaskata ta ita kaɗai, domin ana iya sauya ta. Akwai kuma injunan da aka yi wa sabon fenti aka liƙa musu tambarin Honda ko Firman alhali ba su ba ne, kuma maganin wannan shi ne saye daga dilan da kamfanin ya amince da shi, da duba cewa lambar da aka buga a jikin injin ta yi daidai da ta kwali da ta katin garanti. A sa mai shago ya rubuta wannan lambar a rasit, tare da tsawon garantin da abin da ya ƙunsa, domin rasit ɗin ne hujja idan magana ta kai ga hukumar kare haƙƙin masu saye ta FCCPC. Tambaya ta ƙarshe kafin a sallama ita ce kayan gyara. Injin da ba a samun kabiretarsa da AVR ɗinsa a kasuwar garinku, komai kyansa, ranar da ya lalace sai ya zama abin ajiye kaya a kai.

Sabon inji yakan zo babu baƙin mai a cikinsa, kuma an sha lalata sabo fil a ranar farko saboda ɗoki. A zuba man da littafinsa ya ambata, a juye shi bayan kimanin sa'a 20 na farko, domin a lokacin ne ɓurɓushin ƙarfe ke taruwa a ciki. A sa mai gyaran wuta ya haɗa makunnin sauya layi tsakanin wutar NEPA da ta injin, domin jona inji kai tsaye a soket yakan tura wuta ta koma kan layin waje, ta iya kashe ma'aikacin da ke kan falwaya, ko ta ƙona injin idan an kawo wuta. Kada a ƙara fetur injin yana aiki ko yana da zafi. Hayaƙinsa kuma yana ɗauke da iskar kabon monoksaid, wadda ba ta da wari ba ta da launi, kuma ta sha hallaka iyali guda suna barci saboda an shigar da inji cikin zaure ko kicin don tsoron ɓarawo. A ajiye shi a fili, kimanin mita shida daga ƙofa da taga, bututun hayaƙin yana kallon waje, idan kuma sata ake tsoro, a yi masa kejin ƙarfe mai rufin kwano wanda iska ke ratsawa ta kowane gefe, a ɗaure shi da sarƙa.