Dabarar jar leda ga masu zuwa kogon jemagu

Salamu alaikum 'yan uwa na Nima da Maamobi a birnin Accra.

In za ku kai yara gandun dajin Shai Hills kallon kogon jemagu, kada ku ɓata kuɗi kan tocila ta musamman. Ku sami jar leda, ku ninka biyu, ku ɗaure a bakin tocilarku da robar ɗaure kuɗi. Shi ke nan.

Farin haske na firgita jemagu. Kuna haska su sai su watse, yara su hau ihu, ba abin da kuka gani sai fukafukai. Jan haske bai dame su sosai ba. Na gwada, na tsaya ina kallon su a maƙale da dutse. Kuma ja ba ya kashe ido, kuna kashe tocila kuna iya gani.

Amma fa wajen hawa da sauka ku cire ledar. Ja ba ya nuna santsi, kashin jemage kuwa akwai santsi.

Ku sa takunkumi, ƙurar kashin nan tana iya taɓa huhu. Kada kowa ya taɓa jemage.

Abinci a ɓoye cikin jaka. Birran wurin ba su da kunya.