Babi na 7: Leda da Abinci Mai Zafi

Darasi na 1

Leda da roba ba sa ruɓewa, marmashewa suke yi. Ɓurɓushinsu bai kai milimita 5 ba, wato bai kai tsawon ƙwayar shinkafa ba, yawancinsa ma ido ba ya gani. A shekarar 2022, masana a ƙasar Holan sun gwada jinin mutum 22, suka same shi a jinin 17. A 2024 kuma likitoci a Italiya suka ga masu wannan ɓurɓushi a jijiyar wuya sun fi samun bugun zuciya da shanyewar ɓarin jiki. Kada ku tsorata. Ku karanta a hankali, ko sau uku ne.

Darasi na 2

Zafi ne ya fi sa leda sakin ɓurɓushi. Don haka abinci mai tururi ba ya shiga leda. Mu sake faɗa tare: mai tururi ba ya shiga leda.

Ga yadda ake kwashe tuwo. A jiƙa mara da ruwa, a ɗebi tuwon, a mulmula a kwanon sha, a jera malmalar a langa ko samira, a rufe da murfi. Murfin shi zai hana tuwon bushewa, aikin da kuke nema a wurin leda ke nan.

A nan ake yawan kuskure. Wata ta ce ai leda biyu take haɗawa. Biyu ko goma, ta cikin tana manne da tuwo mai zafi. Wani ya ce ledarsa fara ce sabuwa. Farar ma roba ce. In dole sai an ƙulla, a jira tururin ya ɗauke, a kara bayan hannu a jikin kwanon. Akwai sauran zafi? A ƙara jira. Iyayena mata, wannan ba sabon zance ba ne a ajin nan, amma har yanzu ana aiken yara sayen koko a leda da sassafe. Haba! Kofin silba ya gagara ne? Ku ba yaro kofi mai murfi. Alala kuwa a dafa ta a gwangwani mai tsabta ko ganyen ayaba, domin a leda tare suke tafasa a tukunya. Za ku iya, sabo ne kawai.

Darasi na 3

Fidar jariri ta roba. Kada a zuba ruwan zafi a ciki a girgiza. A haɗa madarar da ruwan zafi a kofin ƙarfe ko na gilashi, a bari ta huce, sannan a juye a fida.

Darasi na 4

Kada a jibge buhun fiya wata a rana, a sa shi a inuwa. Robar abinci da ta kakkarce, a daina zuba abinci a cikinta.

Aikin gida: ku rubuta sunayen abinci 3 da ake ƙullawa da zafi a unguwarku.